Tsawon Mai Gabatarwa da Kwarjininsa a Allon Talabijin

(Kiɗan buɗe shiri, sannan a sassauta)

Yau daga nan gidan rediyo za mu leƙa gidan maƙwabtanmu, wato talabijin.

Akwai wata magana da na tabbata da yawanku kun taɓa ji, wasunku ma da bakinsu suka faɗe ta. Mutum ya shekara da shekaru yana kallon wani mai karanta labarai ko mai gabatar da shiri, kullum bayan sallar isha'i, har ya san yadda yake gyara zaman hularsa, ya san inda yake tsayawa ya ja numfashi. Rannan sai Allah Ya haɗa su a wurin ɗaurin aure ko a filin jirgi. A taɓa shi a ce, "Ga wane can." Sai ya yi turus, ya sake dubawa, ya juya ga na kusa da shi ya ce, "Kai! Ashe ɗan tsurut ne? Wallahi na ɗauka wani ƙato ne." Wani lokaci akasin haka ake samu, wanda ake yi wa kallon madaidaici ya miƙe tsaye a ga kansa na neman dukan ƙofa. Amma an fi jin na farkon.

Ina wannan tsawon da muka ba shi ya fito, tunda ba a jikinsa yake ba? Tambayar da za mu bi ke nan. Kuma ba don nishaɗi kawai na ɗauko ta ba. Akwai matasa maza da mata masu murya, masu kaifin basira, masu son aikin jarida kamar ransu, waɗanda aka kashe wa gwiwa tun ba su kai bakin ƙofar situdiyo ba, da kalma ɗaya: ba ka da tsawo, ba za ka cika allo ba. Su nake so su matso kusa da rediyo yau, su da iyayensu, da masu ɗaukar ma'aikata.

Mu fara da ido. Ido ba ya yawo da tef ɗin tela. In ka hango mutum a bakin titi, abin da ke gaya maka tsawonsa shi ne abubuwan da ke kewaye da shi. Ƙofar shagon da ya tsaya a gabanta, motar da ya jingina da ita, mutanen da ke gefensa, sannan uwa uba kai kanka: sai ka ɗaga kai kafin ku haɗa ido, ko sai ka sunkuyar? To talabijin duk tana kwashe waɗannan. Mai karanta labarai daga ƙirji zuwa sama ake nuna shi. Ba ka ganin ƙafarsa, ba ka ganin ƙasan da ya taka, ba ka ganin ƙofar da ya shigo. Galibi ma a zaune yake, kuma kaso mai yawa na bambancin da ke tsakanin dogo da gajere a ƙafafu yake, da an zauna sai tazarar ta ragu. Ɗan abin da ya saura kuma kujera ce ke cike shi, don kujerun situdiyo ana ɗaga su ana sauke su.

Ita ma kyamarar situdiyo a kan wata ƙafa mai tayoyi take, wadda ake yin sama da ita ko ƙasa yadda ake so. Kafin a fara shiri, mai kyamara zai zo ya daidaita idon kyamara da idon mai gabatarwa. Zai bar ɗan fili tsakanin kan mutumin da saman allo, ba mai yawa ba don kada ya zama kamar ya nutse, ba kuma kaɗan ba don kada ya zama kamar an danne shi. Zai ajiye idanunsa wajen kashi ɗaya cikin uku daga saman allo. Haka zai yi wa mai ƙafa shida, haka zai yi wa mai ƙafa biyar. In ya gama, fuskar wannan da fuskar wancan wuri ɗaya suke zaune, girma ɗaya suke ci a allon da ke falonka. Wato tun kafin a ce "mun hau iska" an riga an cire tsawo daga lissafi.

Bari in ba ku misalin da na fi so a kan wannan, daga ƙasar Birtaniya. Akwai wani shirin barkwanci da ake kira Taskmaster, wanda aka fara a 2015. Ana tara 'yan wasan barkwanci biyar a ba su ayyuka na ban dariya, sannan alƙalin shirin ya raba musu maki. Alƙalin shi ne Greg Davies, mutum ne mai tsawon ƙafa 6 da inci 8, wato ya ɗan haura mita biyu. Yana zaune a kan wata ƙatuwar kujera mai ruwan zinare irin ta sarakuna. A gefensa kuma akwai mataimakinsa, Alex Horne, a kan wata kujerar da ba ta kai ta maigidan ba. A kowane shiri Davies yakan gabatar da shi da cewa ga ɗan ƙaramin Alex Horne. Shi kuma Horne sai ya takure, ya haɗa gwiwoyi, ya ɗora 'yar kwamfutarsa a cinya, ya yi magana a hankali kamar yaron da ke jiran umarni. Duk wanda ya kalli shirin zai rantse ɗan guntun mutum ne.

To Alex Horne tsawonsa ƙafa 6 da inci 2 ne. Da zai shigo kasuwar garinku, Dogo za a riƙa kiransa. Kuma shi ne ma ya ƙirƙiro shirin, shi ke tsara ayyukan da ake bayarwa. Abubuwa huɗu ne suka haɗu suka gajarta shi a idon miliyoyin mutane: wanda aka ajiye a gefensa, kujerar da aka ba shi, sunan da ake kiransa da shi, da kuma yadda shi da kansa ya zaɓi ya zauna ya yi magana. Babu ɗaya a cikin huɗun da ya shafi ƙashin jikinsa. In har za a iya mai da dogo gajere a allo da waɗannan, ai kun ga hanyar da ake bi a mai da gajere cikakken mutum mai cika ido.

A can Birtaniya ɗin dai, shirin kacici-kacici na BBC mai suna QI, Stephen Fry ne ya riƙe shi tun 2003, mutum mai tsawon da ya kusa ƙafa shida da rabi. A 2016 ya sauka, aka ba Sandi Toksvig, wadda tsawonta wajen ƙafa 5 ne. Tazarar da ke tsakaninsu ta haura ƙafa guda. Ta zauna a tsakiyar teburin nan da ya zauna, ta ci gaba da juya 'yan wasa huɗu masu surutu da ƙiriniya, shirin bai girgiza ba.

(Gajeren kiɗa)

Masu sauraro, in yanzu kuka kama mu, muna magana ne a kan tsawon mai gabatar da shirin talabijin da kwarjininsa a allo.

Kada a ce na ce tsawo ba ya taɓa zama matsala a situdiyo. Yana zama, amma a wuri ɗaya: inda mutum biyu za su tsaya kafaɗa da kafaɗa a cikin hoto ɗaya. In ɗaya ya fi ɗaya nesa ba kusa ba, mai kyamara ne ke shiga uku. Ya matso don ya kama fuskar gajeren, sai ya yanke kan dogon. Ya ja baya don ya kama su duka, sai fuskokin su yi ƙanana. Wannan matsala ce ta aiki, kuma masu sana'ar sun daɗe da samo mata magani. A kowane wurin ɗaukar fim ko shirin talabijin na ƙwararru za ka tarar da wasu akwatunan katako masu ƙarfi, an yi su hawa-hawa: mai kaurin inci 8, mai inci 4, mai inci 2, da mai inci 1. A turo wanda ya dace, gajeren ya hau, kyamara ta yanke su daga ƙugu. Wani lokaci dogon ne zai cire takalmi, ko ya buɗe ƙafafu don ya rage tsawo. Wani lokaci a matso da gajeren gaba kaɗan, tunda abin da ya fi kusa da kyamara shi ya fi girma a allo. Aikin minti ɗaya ne. Ba ya kai a hana mutum aiki saboda shi.

'Yan siyasa ma sun san da wannan. A muhawarar 'yan takarar shugabancin Amurka ta 1988, George Bush babba yana da ƙafa 6 da inci 2, abokin karawarsa Michael Dukakis kuma wajen ƙafa 5 da inci 8. Sai aka yi wa Dukakis ɗan tudu a bayan mumbarinsa don ya rage tazarar. A shirye-shiryen hira na dare a Amurka kuwa, irin waɗanda Johnny Carson da David Letterman suka yi suna da su, an saba ganin mai gabatarwa a bayan tebur a kan kujerar da ta ɗara ta baƙonsa, shi kuma baƙon ya nutse a cikin kujera mai laushi yana ɗaga kai. Charlie Chaplin ya yi wa wannan ɗabi'a ba'a tun 1940 a fim ɗinsa na The Great Dictator, inda shugabanni biyu 'yan kama-karya suka zauna a kujerun aski, kowa yana ta ɗaga tasa don ya fi ɗan'uwansa, har suka doshi rufin ɗaki.

Sai kuma inda aka ajiye kyamara. In aka sauke ta ƙasa tana kallon mutum daga ƙasa zuwa sama, sai ya yi girma, ya yi kama da mai iko, wani lokaci har da ban tsoro. In aka ɗaga ta tana leƙo shi daga sama, sai ya ƙanƙance. Masu shirya fim suna wasa da wannan kullum. Amma ku lura, a labarai ba a cika yin ko ɗaya ba. Daidai ido ake ajiye kyamara, domin abin da ake nema a wurin mai karanta labarai shi ne ka yarda da shi, ba ka ji tsoronsa ba, ba kuma ka raina shi ba. Ku da kuke ɗaukar kanku da waya kuna sakawa a Facebook ko TikTok, wannan naku ne. Wanda ya ajiye waya a kan cinya yana magana, hancinsa da haɓarsa yake nuna mana. Ka sami abin da za ka ɗora ta a kai, ta zo daidai idonka.

Yanzu mu koma ga tambayarmu ta farko. Mun ga allo ba ya faɗin tsawon mutum. To me ya sa in zuciya za ta cike gurbin, sai ta ƙara ba ta rage ba?

A 1968 wani mai bincike a ƙasar Ostireliya, Paul Wilson, ya yi wani gwaji mai sauƙi. Ya kai mutum ɗaya azuzuwa biyar na ɗalibai, ya ce baƙo ne daga Jami'ar Kambirij ta Ingila. A aji na farko ya ce ɗalibi ne. A na gaba ya ɗan ɗaga masa matsayi, a na gaba ya ce malami ne, a na gaba babban malami, a na ƙarshe ya ce farfesa ne. Bayan baƙon ya fita sai aka ce ɗalibai su ƙiyasta tsawonsa. Duk sanda matsayi ya hau, sai tsawo ya hau. Waɗanda aka ce wa farfesa ne sun ba shi kimanin inci biyu da rabi fiye da waɗanda aka ce wa ɗalibi ne. Mutum ɗaya, jiki ɗaya.

Ku tsaya ku yi tunanin wannan da kyau, don nan ne gaɓar maganar. Mun saba ɗauka cewa tsawo ne ke kawo kwarjini. Gwajin nan yana nuna hanyar tana tafiya ta ɗaya gefen ma: kwarjini na kawo tsawo a idon mai kallo. Saboda haka ranar da ka haɗu da mai gabatarwar nan ka ce ashe ɗan tsurut ne, ba ƙarya talabijin ta yi maka ba. Aikinsa ne ya cika maka ido, zuciyarka ta fassara cikar da tsawo. Wannan mamakin da ka yi, in ka duba, shaida ce a kan ya iya aikinsa.

Mu nan a rediyo abin ya fi haka. Tun da Sashen Hausa na BBC ya fara watsa shiri a 1957, da sauran tashoshin da suka biyo baya na gida da na waje, masu sauraro ke ƙera wa kowace murya jiki. Mai kakkaurar murya a ba shi ƙirji da kafaɗu, mai siririyar murya a mai da shi ɗan firit. Alhali masu binciken murya sun auna sun ga cewa a tsakanin maza da maza, ko mata da mata, kaurin murya kaɗan ƙwarai yake faɗa a kan tsawon mai ita.

Sai dai in faɗi gaskiya ɗaya mai ɗaci, don kada matashin da ke saurarena ya ce ina lallashinsa ne kawai. Fifita dogo a kan gajere abu ne da ke nan a duniya, an auna shi an gani. A 2004 wasu masu bincike biyu, Timothy Judge da Daniel Cable, sun duba bayanan dubban ma'aikata a Amurka da Birtaniya, suka gano cewa a matsakaici kowane inci ɗaya na ƙarin tsawo yana tafiya da ƙarin kusan dala 789 a albashin shekara. Wannan son zuciya ne na ɗan Adam, kuma masu ɗaukar aiki a gidajen talabijin 'yan Adam ne. Abin da nake cewa shi ne, a duk sana'o'in da ake tsayawa gaban jama'a, talabijin ce ta fi rashin uzurin yin wannan wariya, domin na'urar da take aiki da ita ba ta ma ganin abin da ake wariyar a kansa.

(Gajeren kiɗa)

To in ba tsawo ba, mene ne kyamara ke gani?

Tana ganin ido. Wannan shi ne na farko kuma shi ne babba. A 1956 wasu masana biyu a Amurka, Donald Horton da Richard Wohl, sun yi rubutu a kan yadda mai kallo ke jin kamar ya san mai gabatar da shiri, kamar abokinsa ne, alhali ba su taɓa haɗuwa ba. Ƙofar wannan sabo ita ce kallon cikin idon kyamara. Shi ya sa aka ƙirƙiro na'urar nan da ke haska rubutu a kan wani gilashi da aka karkata a gaban idon kyamara, mai karatu yana ganin kalmomi suna tafiya, kyamara kuma tana ganinsa ta cikin gilashin. Yana karatu, amma kai a gida gani kake kai yake kallo. Sai dai na'ura ba ta yi wa mutum komai in bai san abin da yake karantawa ba. Wanda bai fahimci labarin ba, za ka ga ƙwayar idonsa tana bin layi daga hagu zuwa dama, fuskarsa ba ta san abin da bakinsa ke faɗa ba. Zai karanta labarin ambaliya da fuskar da ya karanta sakamakon ƙwallo.

Tana ganin natsuwa. Kyamara na ƙara wa ƙaramin motsi girma. Ɗan lilon da kake yi a kujera, wanda a zaure ba wanda zai lura, a allo sai ya zama kamar kana cikin kwalekwale. Yawan ƙifta ido, lasar leɓe, taɓa hula, wasa da biro, duk suna fitowa ɓaro-ɓaro. Mutanen da muke cewa suna da kwarjini a talabijin, ku lura da su, ba su cika motsi ba gaira ba dalili ba. In sun ɗaga hannu, akwai abin da hannun ke faɗa.

Muhawarar farko ta 'yan takarar shugabancin Amurka da aka nuna a talabijin ta isa misali. Ranar 26 ga Satumba 1960 aka yi ta a birnin Shikago, tsakanin John Kennedy da Richard Nixon, kuma kimanin mutum miliyan 70 suka kalla. Tsawonsu kusan ɗaya ne, duka wajen ƙafa 6. Amma Nixon bai daɗe da fitowa daga asibiti ba saboda ciwon gwiwa, ya rame, wuyan rigarsa ya yi masa yawa, ya ƙi yarda a yi masa kwalliyar situdiyo yadda ya kamata, zufa ta riƙa keto masa a ƙarƙashin fitilu, kwat ɗinsa mai ruwan toka ta saje da bango a talabijin ta baƙi da fari, idanunsa kuma suna ta kai-komo. Kennedy ya sa kwat mai duhu, ya natsu, in zai ba da amsa sai ya dubi kyamara. An daɗe ana cewa waɗanda suka saurara a rediyo Nixon suka ba nasara, amma hujjar wannan magana ba ta da ƙarfi, kada mu jingina da ita. Abin da ba a gardama a kansa shi ne, mutum biyu masu tsawo kusan ɗaya sun tsaya a ɗaki ɗaya, ɗaya ya cika allo, ɗaya bai cika ba.

Sannan tana ganin sauraro, kuma wannan ne aka fi mantawa. Mai gabatar da shirin hira yakan kwashe fiye da rabin lokacinsa bai ce uffan ba, amma darakta na yanko fuskarsa lokaci zuwa lokaci. Mai kallo na gane wanda ke sauraron baƙonsa da wanda ke jiran baƙon ya yi shiru don ya karanto tambaya ta gaba. Larry King ya yi shekara 25 yana hira da mutane a CNN, daga 1985 zuwa 2010. Ba a miƙe yake zama ba ma. Duƙowa yake yi a kan tebur, ya dafa gwiwar hannu, kafaɗu a ɗage, ya jefa gajeriyar tambaya ya yi shiru yana kallon mutum. Wato da gangan yake rage wa kansa tsawo, kuma wannan duƙowar ce ta zama alamarsa. Ku tuna fa, duk wannan ana yinsa ne da 'yar na'ura a kunne, darakta na magana a ciki: saura minti ɗaya, juya kyamara ta biyu, baƙon da ke kan layi ya katse. Wanda zai iya jin wannan hayaniya a kunne ɗaya, ya ji baƙonsa da ɗaya, fuskarsa ba ta nuna komai ba, shi ne mai gabatarwa. Ba a auna wannan da tef.

Akwai kuma waɗanda ba su ɓoye gajartarsu ba sam. Ronnie Corbett, ɗan wasan barkwanci na Birtaniya da ya rasu a 2016, tsawonsa wajen ƙafa 5 da inci 1 ne. A 1966 ya fito a wani ɗan wasa a shirin The Frost Report, inda aka jera mutum uku: John Cleese dogo a matsayin mai hannu da shuni, Ronnie Barker madaidaici a matsayin mai rufin asiri, Corbett kuma talaka. Aka yi amfani da tsawonsu aka yi wa tsarin fifiko na ƙasar ba'a, kuma gajeren ne ya kwashe dariyar ƙarshe, da ya koka cewa wuyansa na ciwo saboda ɗaga kai. Daga 1971 zuwa 1987, a shirin The Two Ronnies, yakan zauna shi kaɗai a wata kujera da ta fi shi girma, ya dubi kyamara ya yi ta ba da labari yana kauce hanya yana dawowa, ƙasa guda tana sauraronsa. Warwick Davis, wanda aka haifa da lalurar wadanci, tsawonsa wajen ƙafa 3 da rabi, ya riƙe shirin kacici-kacici na Tenable a tashar ITV daga 2016, ya yi shekaru yana gabatar da shi. Ade Adepitan, haifaffen Legas da ya tashi a Landan, shan inna ta kama shi tun yana jariri, a keken guragu yake aikinsa. Ya ci lambar tagulla a ƙwallon kwando a gasar nakasassu ta duniya ta 2004, ya gabatar da shirye-shiryen gasar ta 2012 a tashar Channel 4, ya kuma zagaya ƙasashen Afirka yana yi wa BBC shiri. Masu kyamara sun sauke kyamararsu daidai idonsa, shi ke nan.

Mu dawo gida. Talabijin ta shigo Najeriya a 1959 a Ibadan, ta iso Kaduna a 1962, yau kuma ga tashoshin jihohi, ga masu zaman kansu, ga irin su Arewa24 da ke watsa shiri da Hausa dare da rana, ga Télé Sahel a Nijar. Ƙofofi sun yawaita. Amma mu mutane ne masu tsokanar gajere, tun daga makarantar allo har gidan biki. Mafi yawa wasa ne, na sani. Sai dai yarinyar da aka shekara goma sha biyar ana ce mata guntuwa, ranar da ta ce tana son karanta labarai aka kwashe da dariya a tsakar gida, ba lalle ta sake faɗa ba. Iyaye, wannan dariyar tana da tsada.

Ga mai shirin shiga aikin kuma, akwai abubuwan da suka shafi suturarmu waɗanda suka fi tsawonka muhimmanci a gaban kyamara. Babbar riga in za ka zauna da ita, ka ja bayanta ka zauna a kai, ka gyara naɗin kafaɗa, in ba haka ba sai ta taru a wuya ta haɗiye ka, dogo ne kai ko gajere. Ka sa hular da za ka yi shiri da ita tun lokacin da ake daidaita kyamara, ke ma ki ɗaura ɗankwalinki tun a lokacin, don in an daidaita da kai babu hula sannan aka kafa doguwar zanna bukar, samanta zai fice daga allo. Farar shadda mai ƙyalli tana mai da hasken fitila, kyamara ta rage haske don ta daidaita hoton, fuskarka ta yi duhu. Yadi mai ƙananan ratsi kusa da kusa yana rawa a allo yana ɗauke hankalin mai kallo. In a gaban koren bango za a ɗauke ka don a sa hoto a bayanka, kada ka sa kore. Ka zauna a gaban kujera, ba can ciki ba, tafin ƙafa biyu a ƙasa. In ƙafarka ba ta kai ba, ka nemi a sa maka abin takawa ba tare da jin kunya ba, domin numfashi daga zama yake farawa, murya kuma daga numfashi.

Ku kuma shugabannin tashoshi da furodusoshi, roƙona gare ku ɗaya ne. In matashi ya zo neman aikin gabatarwa, kada a yanke masa hukunci a bakin ƙofar ofis yana tsaye. A kai shi situdiyo a zaunar da shi, a daidaita masa kyamara kamar yadda za a yi wa kowa, a ba shi labarin da bai taɓa gani ba ya karanta. A kawo masa baƙo ya yi hira da shi na minti biyar, a tsakiya a yi masa magana a kunne a ga yadda zai yi. Sannan wanda zai yanke hukunci ya koma ɗakin darakta ya kalle shi a allo, don a nan ne jama'a za su gan shi.

Kai ma matashi kana iya yi wa kanka wannan gwaji yau da wayarka. Ka ɗora ta daidai ido, ka ɗauki kanka kana ba da labarin wani abu da ya faru a unguwarku na minti biyu. Ka kalla sau ɗaya ka kashe sauti, don ka ga abin da idonka da hannunka ke yi. Ka sake kunnawa ka kifa wayar, ka saurari muryar kaɗai. Abin da ka ga yana buƙatar gyara ka rubuta, gobe ka sake ɗauka.

Masu sauraro, lokaci ya cim mana. A madadin wanda ya haɗa mana sauti da sauran abokan aiki, nake cewa mu kwana nan. Sai Allah Ya kai mu mako mai zuwa. Assalamu alaikum.

(Kiɗan rufe shiri)